A bar wa masu yi wa talabijin ba'a ƙarfe huɗun asuba

A ƙarshen watan Oktoba na 2014, da ƙarfe huɗu na asuba, tashar Adult Swim ta Amurka ta saka wani shiri mai tsawon minti 11 ba tare da ta yi masa wata sanarwa ba. A jadawali ma cikin tallace-tallace aka lissafa shi, don a irin wannan lokaci ne tashoshin Amurka suka saba tallan tukwane da injin motsa jiki ga waɗanda barci ya ƙaurace wa. Sunan shirin Too Many Cooks, Casper Kelly ne ya tsara shi. Ya buɗe da irin waƙar da ake fara shirye-shiryen iyali da ita a shekarun 1980: uba ya juyo ya yi wa kyamara murmushi, sunansa ya bayyana da rawayen rubutu, uwa ta juyo, yara su juyo. Mai kallo na jiran waƙa ta ƙare a shiga labari, waƙa ta ƙi ƙarewa. Sai ƙaro mutane ake yi, shirin ya rikiɗa ya zama na 'yan sanda, ya koma zane, ya koma na yaƙin sararin samaniya, ga wani mai adda yana bin 'yan wasan ɗaya bayan ɗaya. Wata ta gudu ta ɓuya a kabad, rubutun sunanta da ke haske a ƙirjinta ya tona mata asiri. Kwana uku aka yi ana ɗaukar wannan abu, aka shafe kusan shekara ana tace shi. Da ya faɗa YouTube a farkon Nuwamba, miliyoyin mutane suka kalle shi cikin 'yan kwanaki.

A ganina duk gidan talabijin da ya san ciwon kansa, balle wanda ake gudanarwa da kuɗin jama'a, ya kamata ya ware irin wannan gurbi. A ɗauki lokacin da ba mai talla da ke so, a haɗa da ɗan kuɗi kaɗan, a damƙa wa mutanen da aikinsu shi ne su yi wa talabijin ɗin kansa ba'a, sannan manya su kau da kai. Gwano ba ya jin warin jikinsa. Talabijin na da dabarun da yake sa mutum ya gaskata magana tun kafin ya ji ta: kiɗan buɗe labarai mai tayar da hankali, faffaɗan tebur, kwat da taye, rubutun da ke gudu a ƙasan allo, wakilin da ke tsaye gaban ginin gwamnati alhali babu abin da ke faruwa a bayansa. Malami zai iya shafe zango yana warware wa ɗalibai waɗannan dabaru. Shirin da ya kwashe su duka ya cika su da shirme, kamar yadda shirin labarun bogi The Day Today ya yi a tashar BBC2 ta Birtaniya a 1994 cikin kashi shida kacal, yakan gama darasin cikin rabin awa, kuma wanda ya kalla ba zai ƙara kallon labarun dare da idon da ba.

An ce araha ba ta ado. A wannan fanni kuwa arahar tana cikin sharuɗɗan aikin. Shirin da aka zuba wa kuɗi yana da iyayen gida da yawa, daga mai talla zuwa shugaban shirye-shirye, kowa da gyaransa, kuma kowane gyara wani abin mamaki yake cirewa. Shirin da kuɗinsa bai kai a kira taro a kansa ba, ba mai ɓata lokacin karanta rubutunsa. A 1994 tashar Cartoon Network ba ta da kuɗin kirki na zana sababbin shirye-shirye. Mike Lazzo da abokan aikinsa a birnin Atlanta suka ɗauko tsohon zanen Space Ghost na kamfanin Hanna-Barbera na 1966, suka zaunar da jarumin a bayan tebur a matsayin mai gabatar da shirin hira na dare. Motsinsa ƙalilan ne: ya juya kai, ya ƙwanƙwasa kati a tebur, ya ɗaga hannu. Baƙinsa kuwa sanannun mutane ne na gaske da aka ɗauka a bidiyo suna amsa tambayoyi. Daga baya marubuta su zubar da tambayoyin su rubuta wasu, amsa ta faɗo inda ba gurbinta ba. Dogon shirun da ke shiga tsakanin tambaya da amsa, jarumi ya ƙura ido ba ya ko motsi, shi ya zama abin dariyar. Daga wannan shiri aka samu tushen Adult Swim, wadda ta fara a watan Satumba na 2001.

Mutanen Kanada sun riga su. Shirin SCTV, wanda ya fara a Toronto a 1976, ya ɗauki kansa a matsayin wata matalauciyar tasha a garin Melonville, garin da babu shi a taswira, don haka duk tarkacen da aka gani a sitidiyo ya dace da labarin. A 1980 tashar CBC ta nemi a ƙara minti biyu na abin da ke nuna Kanada zalla. 'Yan wasan shirin biyu, Rick Moranis da Dave Thomas, suka sa hulunan sanyi, suka zauna gaban taswirar ƙasar suna surutu marar kan gado ba tare da rubutu ba, don su yi wa umarnin gatse. Minti biyun nan suka fi komai na shirin farin jini.

To amma kada wani ya ji haka ya ɗauka cewa duk mai waya da aboki mai surutu ya samu sana'a. Kuskuren ganganci daban, kuskuren rashin sani daban, kuma mai kallo na rarrabewa cikin daƙiƙa goma ko da ba zai iya faɗin yadda aka yi ya gane ba. Ɗan kama da ke juya waƙar mawaƙin sarki ko karatun malami ya mai da shi zancen tuwo da miya, ba ya ba da dariya sai ya kama karin da muryar da inda ake jan numfashi daidai wa daida. In ya kuskure karin, hayaniya kawai yake yi. Haka abin yake ga mai kwaikwayon talabijin.

A ce ana son shiri ya yi kama da na wata ƙaramar tasha a 1987. Yanke gefen hoto ya koma 4:3, wato siffar allon tsohon talabijin, shi ne mafi sauƙi, kowa na yi. Inda masu koyo ke faɗuwa shi ne motsi. Kyamarar yau akan bar ta tana ɗaukar hoto 24 ko 25 a daƙiƙa, abin da ke ba da kamannin fim. Tsohuwar kyamarar sitidiyo kuwa rabi-rabin hoto take ɗauka, 50 a daƙiƙa a Turai da Najeriya, kusan 60 a Amurka, shi ya sa motsinta ke da santsi irin na labarai da wasan ƙwallo. Wanda ya ɗauka a 24 sannan ya ɗora layuka da dishi-dishi a kwamfuta, abin da zai samu shi ne fim da aka yayyafa wa ƙasa. Tun a kyamara ake saita 50 ko 60. Sai kuma bayan mutum: kyamarar zamani na son ta dushe bango ta fito da fuska, tsohuwar kuwa komai a sarari take nunawa, har da ƙusar da ke riƙe da labule. Don haka a tsuke idon kyamara zuwa wajen f/8, a ƙara fitilu don a cike hasken da aka rasa, a jera su daga gaba ta yadda inuwar mai magana za ta faɗa a bango. Duk abin da aka hana ɗalibi yi a makarantar ɗaukar hoto ke nan, amma da aunawa.

Kaset ɗin VHS na riƙe haske da duhu kusan layi 240, launi kuwa ƙasa da haka nesa ba kusa ba. Dalili ke nan jan riga ke malala ta wuce kafaɗar mai ita, ga kuma wani siririn layi da ke karkarwa a can ƙasan allo. Manhajoji na kwaikwayon wannan, sai dai lalacewarsu na maimaita kanta a tsare, ido kuma na kama maimaici. Hanyar gaskiya ita ce a gama tace shiri tsaf, a juye shi a kaset da na'urar bidiyo ta gaske, a sake dawo da shi kwamfuta. Haka masu Check It Out! with Dr. Steve Brule suka yi tun 2010, shirin da John C. Reilly ya fito a matsayin likitan bogi, har da bubbuga na'urar don hoto ya yi tsalle. Juyi ɗaya ko biyu ya wadatar. A na uku da na huɗu fuska ta fara narkewa, rubutu ya daina karantuwa, kuma rabin barkwancin irin wannan shiri a rubutun ƙasan allo yake, inda ake kuskure sunan baƙo ko a ba shi muƙamin da ba nasa ba. Rubutun a yi shi manya-manya, a ɗora shi kafin a juye a kaset don ya lalace tare da hoton. In an ɗora daga baya sai ya tsaya fes a kan dattin hoto, asiri ya tonu. A kuma ajiye kwafi mai tsabta a gefe, don abin da kaset ya cinye ba ya dawowa.

Hoto dai ana iya wulaƙanta shi yadda aka ga dama, mai kallo zai haƙura. Sauti ba ya ɗaukar wannan. Maganar da ba a ji ba, ba a yi mata dariya. Kowane ɗan wasa a maƙala masa ƙaramin makirufo a riga, a ɗauki murya garau, a ɗauki shirun ɗakin na minti guda don cike giɓi, sannan a ɓata a ɗakin tacewa inda ake iya janye ɓarnar in ta yi yawa: a rage amon ƙasa da na sama, a sa ɗan shuuu na kaset a ƙarƙashi. Shirin Garth Marenghi's Darkplace na Matthew Holness da Richard Ayoade, wanda Channel 4 ta Birtaniya ta nuna a 2004, ya yi kamar wani tsohon wasan tsoro ne na asibiti daga shekarun 1980 da aka tono daga ma'ajiya, kuma rabin daɗinsa a muryoyin da aka sake ɗorawa ba su dace da leɓe ba yake. Nan ma da lissafi. A hoto 25 a daƙiƙa, kowane hoto kashi ɗaya ne cikin 25 na daƙiƙa. In murya ta makara da hoto biyu, mai kallo zai zaci akwatinsa ne ko intanet ke masa wasa, ya ji haushi. In ta makara da biyar ko shida, ya gane da niyya aka yi.

Koren ƙyalle, wanda ake ratayawa a bayan mutum don kwamfuta ta maye gurbinsa da wani hoto, shi ma haka. Mai son aiki mai kyau yakan tsayar da mutum wajen mita biyu daga ƙyallen, ya haska ƙyallen daidai ta ɓangare biyu. Mai son ɓarna ya matso da shi rabin mita, kore ya zuba a gashi da kunne, kwamfuta ta cinye gefen kafaɗa. Idanu da baki kaɗai ake tsarewa, don da su ake wasan.

Duk wannan share fage ne. Ainihin aikin a hannun edita yake, shi ya sa kwana uku na ɗauka ke iya cin shekara a tacewa. Tim Heidecker da Eric Wareheim sun yi kashi 50 na shirinsu a Adult Swim tsakanin 2007 da 2010, suna kwaikwayon tallan dare da shirye-shiryen tashoshin unguwa, kuma wanda ya zauna ya ƙirga zai ga makamansu ba su da yawa. A bar kyamara a fuskar mutum daƙiƙa biyu ko uku bayan ya gama magana, har murmushinsa ya fara bushewa. A ɗauki rabin daƙiƙa na tari ko haɗiyar yawu a maimaita shi sau huɗu. A yanka zuwa kyamara ta biyu alhali mai gabatarwa na kallon ta farko. Ƙa'idar da ba a karyawa ita ce daƙiƙa 20 ko 30 na farko su zama kwaikwayo na ƙwarai, wanda mai canza tasha zai ɗauka talla ne na gaske. In an fara da hauka tun daga daƙiƙar farko, ba a gina abin da za a rushe ba. Kuma kuskure ɗaya ake saki a lokaci guda. Ɗan wasan da ya kashe wa kyamara ido don a san wasa yake yi ya kashe shirin. Dole ya yi kamar wannan tallan man shafawa shi ne babban aikin rayuwarsa. Minti 11 ɗin ma ba a banza ta zo ba: kwata ɗin awa ce aka cire talla, kuma kusan iyakar abin da ido ke iya jurewa ke nan na hoto mai karkarwa.

Akwai wata matsala da ba a cika faɗa wa masu farawa ba, wato injiniyan tasha. Aikinsa shi ne ya mayar da duk fayil mai aibi, kuma wannan shiri aibi ne daga farko har ƙarshe. Na'urorin watsawa na yin ƙara in allo ya yi baƙi ko sauti ya ɗauke na wasu daƙiƙoƙi. Sai an haɗa shirin da takarda mai nuna minti da daƙiƙar kowace ɓarna ta ganganci. Wasu ƙa'idojin kuma wasa ba ya ɗage su. Ƙarfin sauti a Turai −23 ne a ma'aunin amo na LUFS, ko shirin na barkwanci ne ko na makoki. Walƙiyar haske kada ta wuce uku a daƙiƙa guda saboda masu farfaɗiya. A Japan a watan Disamba na 1997 yara sama da 600 aka kai asibiti bayan walƙiyar haske a wani kashi na shirin zane Pokémon. A Amurka haramun ne a kwaikwayi ƙarar gargaɗin gaggawa ta gwamnati, kuma a 2019 tashar ABC ta biya tarar dala 395,000 saboda shirin Jimmy Kimmel ya sa ta cikin raha. Tallan bogi na buƙatar lambar waya, mutane kuma za su kira. Amurka ta keɓe 555-0100 zuwa 555-0199 don wasan kwaikwayo, inda babu irin wannan tanadi sai furodusa ya sayi layi nasa. Sunan kamfanin bogi ma a bincika, kada a wayi gari akwai mai shi.

Masu adawa na cewa wannan yaudara ce. Wani lokaci haka ne. A shirin Brass Eye na Chris Morris, wanda Channel 4 ta nuna a 1997, an ƙirƙiro wata ƙwaya mai suna Cake, aka sa sanannun mutane suna gargaɗi a kanta gaban kyamara, har ɗan majalisa David Amess ya kai tambaya a kanta majalisar dokokin Birtaniya. Ban ga abin tausayi a nan ba. An nuna wa jama'a cewa manya za su karanta duk abin da aka miƙa musu in dai akwai kyamara, kuma ba wata hanyar tabbatar da hakan da ta wuce a miƙa musu ɗin. Kashi na musamman na 2001, kan yadda kafofin labarai ke ruruta fargabar masu lalata yara, ya jawo dubban ƙorafe-ƙorafe, hukumar sa ido ta sa tashar ta nemi afuwa. Ƙorafin rashin isasshen gargaɗi kafin a fara yana da tushe, kuma gyaransa jimla biyu ce daga bakin mai sanarwa.

Sukar da ta fi damuna wata ce daban. Irin waɗannan shirye-shirye na son ɗauko mutanen da ba 'yan wasa ba, tsofaffi, masu wata baƙuwar ɗabi'a, waɗanda suka saba fitowa a tashoshin unguwa da dokar Amurka ta 1984 ta ba ƙananan hukumomi damar neman kamfanonin kebul su buɗe wa kowa. Edita mai iya tsawaita shiru na iya mai da kowane bawan Allah wawa. Ɗan majalisa na da lauya da bakin ramawa, tsohon da ya zo neman kuɗin cefane ba shi da su. A nan ba na goyon bayan a kau da kai. A biya shi kamar kowane ɗan wasa, a gaya masa irin shirin, a nuna masa abin da aka tace kafin ya sa hannu. In ya gani ya ce a'a, a cire, ko da shi ne wuri mafi ban dariya a kashin.

Wasu kuma za su ce ai YouTube da TikTok sun ɗauke wa tasha wannan nauyi. Sun ɗauke rabi. Can ne jama'a ke samun shirin daga baya, kamar yadda Darkplace, da bai samu masu kallo ba aka tsaya a kashi shida, ya samu mutanensa a faifan DVD da intanet. Amma manhajar da ke hukunta bidiyo da daƙiƙa ukun farko ba ta haƙurin rabin minti na talla marar aibi, kuma tallan bogi ya fi cizo in ya faɗo tsakanin na gaske biyu.

Barkwancinmu na talabijin, tun daga Samanja na Usman Baba Pategi har zuwa camamar Kannywood, ya yi wa soja da ɗan ƙauye da mai kuɗi da mai mata huɗu ba'a. Akwatin da ke nuna su ne bai cika shan nasa rabon ba, alhali kayan aiki na zube. Ga labarun da kowane kanunsu ke farawa da mai girma, ga tallan maganin da ke warkar da cuta arba'in, ga mai kiran waya da zai gaida mutum goma sha biyu kafin layi ya katse bai yi tambayar ba. Tsofaffin tashoshi ma ba sai sun sayi komai ba, don teburin da labulen da fitilun da wasu ke wahalar kwaikwaya suna nan a sitidiyonsu. A ba matasa huɗu ko biyar kashi shida na minti 11 bayan sha biyun dare, da kwana uku na sitidiyo, da edita guda na wata biyu. Injiniya ya duba walƙiya da sauti, lauya ya duba sunaye da takardun amincewa. Shugaban tasha kuma ya gani ranar da kowa zai gani, don kashi na farko labarun tasharsa za su kwaikwaya, da irin kiɗan da irin teburin.